Ƙannena, ga labarin mutumin da garinsu ya yi wa ihu

Assalamu alaikum ƙannena, musamman ku da muke haɗuwa a filin ƙwallo bayan la'asar.

Abin da ya sa na ɗauko wannan magana shi ne wani abu da ya faru a idona makon jiya, kuma har yanzu yana damuna. Wani yaro daga cikinmu, mai kyawun ƙafa, ya zubar da fenareti a minti na ƙarshe. 'Yan kallo suka yi masa ca, wani ma har da ambaton mahaifinsa. Da aka tashi sai ya zauna a gindin turken raga, ya kwance igiyar takalminsa a hankali, ya cire jesi ya ninke ya miƙo mini, ya ce: "Yaya, ni na bar ƙwallo." Idonsa ya kaɗa ya yi ja. Na kira shi sau uku bai waiwayo ba. Tun ranar ba a sake ganinsa a fili ba.

Don shi, da ire-irensa masu yawa a cikinku, nake so in ba ku labarin wani Bature mai suna Brian Cody, mutumin ƙasar Ailan. Ba ƙwallon ƙafa ya buga ba. Wasansu sunansa hurling, kuma idan kun taɓa ganin ƙwallon gora to kun kama hanya, sai dai wannan ya fi shi gudu da zafi nesa ba kusa ba. Mutum 15 ne a kowane ɓangare, kowa riƙe da sanda mai faffaɗan baki da ake sassaƙawa daga wani icce mai ƙwari. Ƙwallon 'yar ƙarama ce mai tauri, ana dukanta a ƙasa ko a sama, ana cafe ta da hannu tsirara alhali sanduna na kaɗawa ta ko'ina. In ta shiga raga maki 3 ne, in ta bi ta saman sandar raga tsakanin dogayen turaku biyu maki 1. Hular kwano ma sai a 2010 aka wajabta wa manyan 'yan wasa sanya ta.

Ga abin da zai ba ku mamaki: ba a biyansu albashi. Ƙungiyar da ke kula da wasan, GAA, tun da aka kafa ta a 1884 a garin Thurles ta tsaya a kan haka. Filin Croke Park da ke Dublin yana ɗaukar mutum fiye da 82,000, yana kuma cika maƙil ranar wasan ƙarshe, amma waɗanda ake kallo ɗin malaman makaranta ne, da manoma, da ma'aikatan banki, da ɗalibai. Ranar aiki kowa ya koma bakin aikinsa. Ba a sayar da ɗan wasa, gundumar da ka fito ita kake buga wa. Ko suna ba a rubutawa a bayan riga, lamba ce kawai, kuma lambar ta gurbin da aka ajiye ka ce. Gobe in an sa wani a gurbin, shi zai sa ta.

An haifi Cody a 1954 a gundumar Kilkenny, wurin da mutanensa gaba ɗaya ba su wuce 100,000 da 'yan kai ba, amma babu gundumar da ta kai su yawan kofin ƙasa a wannan wasa. A irin wannan wuri ba a yi wa ɗan wasa uzuri. Ya taso da farin jini: a 1972 shi ne kyaftin ɗin matasan Kilkenny da suka ci kofin ƙasa. Shekara ɗaya bayan haka, yana ɗan shekara 19, aka jefa shi cikin manya a wasan ƙarshe da gundumar Limerick. Aka doke su. Gurbinsa ya suɓuce masa, ya koma benci, sai a 1975 ya sake samun tsayawa da ƙafarsa, suka ci Galway, aka kuma zaɓe shi cikin gwanayen shekara.

Sai 1978 ta zo. Shi ɗan baya ne, a nan ya ƙware, amma a wannan shekara masu horarwa suka ɗauke shi suka kai shi can gaba, bakin ragar abokan hamayya, aikin da ba nasa ba. Bai ƙi ba. Suka je wasan ƙarshe da Cork, Cork ta yi nasara. Da 'yan wasan suka dawo gida aka taru don tarbarsu, sai wasu daga cikin jama'a suka yi wa Cody ihu. Ku tsaya ku auna wannan da kyau. Ba a filin abokan gaba ba ne, a garinsu ne. Masu ihun nan wataƙila da safe zai haɗu da su a kasuwa, wataƙila 'ya'yansu ne zai tarar zaune a aji, domin malamin firamare ne. Yana ɗan shekara 24, ba a ba shi ko sisi a kan wasan ba, an sa shi inda bai saba ba, ga sakayyar da ya samu.

Da a ce a nan ya ninke riga ya miƙa, wa zai ga laifinsa? Ni dai ba zan gani ba. Amma ya koma atisaye. Bayan shekara huɗu, a 1982, an mayar da shi baya inda ya iya, an ba shi kyaftin, kuma Allah da ikonsa Cork ɗin nan dai suka sake haɗuwa da ita a wasan ƙarshe. Kilkenny ta lallasa ta, shi ya hau matakala ya ɗaga kofin Liam MacCarthy, wato kofin ƙasa na manya, a madadin garin da ya yi masa ihu. A 1983 suka maimaita a kan Cork ɗin. Ƙungiyar unguwarsu ma, James Stephens, ya ci kofin ƙasa na ƙungiyoyi da ita sau biyu, a 1976 da 1982.

Ƙanena da ka miƙo mini jesi, in kana karanta wannan, shekara huɗu ce tsakanin ihun da kofin. Kai ko sati biyu ba a yi ba.

To, wannan rabin maganar ne, kuma shi ne rabi mai sauƙin karɓa, domin kowa yana son labarin wanda aka wulaƙanta daga baya ya ɗaukaka. Ɗaya rabin ya fi ɗaci, shi ne kuma ya fi shafar yawancinku, ku da ba ihu ne ya kashe ku ba, tafi ne.

A ƙarshen 1998 aka naɗa Cody mai horar da Kilkenny. Shekararsa ta farko ya kai su wasan ƙarshe, Cork ta ci su da maki ɗaya tak. A 2000 suka ɗauki kofi. A 2001 Galway ta fitar da su a wasan kusa da na ƙarshe, ta fi su ƙarfi da naci, kuma masu bin wasan da yawa suna cewa daga wannan kaye ne ya ɗaura ɗamarar da bai sake kwancewa ba. Daga nan ƙa'idarsa ta fito fili: abin da ka yi bara ba ya riƙe maka gurbi bana. Wanda ya fi zafi a atisayen wannan makon shi zai buga, ko da jiya ya shigo. A filinsu na Nowlan Park yakan raba 'yan wasan biyu su gwabza, ya bar usur a aljihu ba ya yawan busawa, har ya zama sananne cewa wani lokaci atisayen ya fi wasan gaske wuya. Shi kuwa yana tsaye a bakin layi da 'yar hularsa mai baki wadda ba ya rabuwa da ita, yana tofa yawu a tafin hannu yana murzawa kamar manomin da zai kama ƙotar fartanya.

Misali ɗaya ya ishe ku. A 2012 sun yi kunnen doki da Galway a wasan ƙarshe, aka sa ranar sake bugawa. Sai Cody ya ɗauko wani matashi mai suna Walter Walsh, wanda bai taɓa buga wa manya wasan gasar ba ko sau ɗaya, ya sa shi cikin 15 na farko a gaban dubban jama'a. Yaron ya zura ɗaya a raga, ya ƙara uku ta sama, aka ba shi gwarzon wasa, Kilkenny ta ɗauki kofi. Ku tambayi kanku: a ina Cody ya ga abin da ya gani? A atisaye ya gani, ranakun da ba kyamara, ba mai tafi. Ku kuma tuna cewa shigar Walsh tana nufin wani da ya fi shi suna ya zauna a benci ranar.

Nan ne nake ganin ciwonmu. Yaro ya ci ƙwallo biyu a gasar unguwa, an ɗauke shi a waya an saka a Facebook, an yi masa laƙabi da sunan wani tauraron Turai, shi ke nan ya gama. Atisayen safe ya daina zuwa, in ya zo da yamma sai an gama gudu. In koci ya ajiye shi a benci sai ya ce hassada ce, ko an yi masa asiri, ko ya tattara ya koma ƙungiyar tsallaken titi. Ba a ƙwallo kaɗai ba. Na ga irinsa a shagon ɗinki, yaro ya iya yanka riga ɗaya ya fara gyara wa maigidansa zance. Na gani a makaranta, wanda ya zo na ɗaya a zangon farko ya rufe littafi. Kowa ya ci zomo ya ci gudu, amma mu so muke mu ci zomon jiya har shekara.

Ku duba yadda Kilkenny ta yi da nasara. Daga 2006 zuwa 2009 sun ci kofin ƙasa sau huɗu a jere. A wasan ƙarshe na 2008 sun ba Waterford tazarar maki 23. A 2010 suna neman na biyar a jere, abin da ba a taɓa yi ba a wasan, sai Tipperary ta tare su: Lar Corbett shi kaɗai ya zura uku a raga, babban tauraronsu Henry Shefflin kuma ya fita tun farkon wasa saboda ciwon gwiwa. Mafarkin ya rushe a gaban duniya. Shekara ta zagayo, 2011, suka sake haɗuwa da Tipperary a wasan ƙarshe suka karɓe kofin. Nasara huɗu ba ta sa sun kwanta ba, kayen da ya fi kowanne ciwo ma bai watsa su ba. Hali ɗaya ne yake aiki a wuraren biyu, kuma shi nake roƙon Allah Ya ba ku.

Ba zan ɓoye muku ba, akwai abin da ban yarda da shi ba a tafiyar mutumin nan. Yana da tsauri, wani lokaci har ya yi yawa. Akwai 'yan wasan da suka ba Kilkenny ƙuruciyarsu suka tafi da ɗacin rai, suna ganin an ajiye su ba tare da an zaunar da su an yi musu bayani ba. A 2003 kyaftin ɗin ƙungiyar da kansa, Charlie Carter, ya fice ana tsakiyar gasa saboda ba a sa shi. A 2022 kuma, lokacin da Shefflin, wanda ya ci kofi 10 a ƙarƙashinsa, yake horar da Galway, sun kara da Cody, gaisuwar da suka yi bayan wasa ta yi sanyi har ta zama abin magana a ƙasar. Mu a tarbiyyarmu ɗan da ka raina ba ka yi masa haka, ko da ya zama abokin karawarka. Don haka ku da kuka fara riƙe ƙananan yara a fili, ku ɗauki adalcinsa wajen zaɓe, ku haɗa da sakin fuska da jan yaro a jiki. Wanda ka ajiye a benci yana da haƙƙin ka gaya masa dalili.

Jimillar abin da ya tara a shekara 24 yana horarwa: kofin ƙasa 11, na yankinsu na Leinster 18, na lig 10. Amma lissafin da ya fi taɓa ni wani ne daban. Ya kai wasan ƙarshe sau 17, ke nan sau 6 ya tsaya yana kallo ana miƙa wa wasu kofi. A 2013 an yi masa aikin zuciya, ya warke ya dawo bakin layi a shekarar. Mafi yawan shekarun nan kuma yana riƙe da aikinsa na makaranta, har ya zama hedimasta a wata firamare a birnin Kilkenny, bai yi ritaya ba sai 2015. Wato mutumin da ake haskawa a talabijin ranar Lahadi, shi ne mai tsayawa a bakin ƙofar makaranta yana karɓar yara. Ku da kuke cewa ƙwallo ce ta hana ku karatu ko koyon sana'a, me za ku ce a nan?

Kofin ƙasa na ƙarshe da ya ɗaga a 2015 ne. Bayan nan ya yi shekara bakwai bai sake ɗagawa ba. Tsofaffin gwanayen sun yi ritaya, ana ta cewa zamaninsa ya wuce, ya kai wasan ƙarshe a 2016 da 2019 Tipperary ta doke shi duka biyun. Yana da damar ya sauka tun yana kan ganiya a yi ta yabonsa, amma ya zauna yana gina sababbin yara. A watan Yuli na 2022, yana da shekara 68, ya kai su wasan ƙarshe da Limerick, ƙungiyar da ta fi kowa ƙarfi a lokacin, aka ci su da maki 2 kacal. Bayan kwana shida ya ajiye aiki, ɗaya daga cikin tsofaffin 'yan wasansa, Derek Lyng, ya gaje shi. Ba a yi wata uku ba sai ga shi a bakin layin James Stephens, ƙungiyar unguwar da ya fara riƙe sanda a cikinta, yana taimaka wa masu horar da ita.

Ƙanena, jesinka mai lamba 9 tana nan a jakata, na sa an wanke ta. Ban ba kowa ba tukuna, amma akwai yara biyu da suke zuwa tun kafin a buɗe fili, kuma ba zan iya hana su ita har abada ba. Atisaye gobe ne, ƙarfe huɗu da rabi. Zan zo da ita.