Dutsen Rushmore da kuɗin da 'yan Lakota suka ƙi karɓa

Jama'a kun san dutsen nan na Amurka mai fuskokin shugabanni huɗu, Washington da Jefferson da Roosevelt da Lincoln? Ni dai wallahi tun da na san tarihinsa na daina kallonsa da sha'awa.

Dutsen yana cikin tsaunukan Black Hills ne a jihar Dakota ta Kudu, kuma a wajen ƙabilar Lakota, 'yan asalin ƙasar tun kafin zuwan Turawa, wuri ne mai tsarki, Kakanni Shida suke ce masa. A 1868 gwamnatin Amurka da kanta ta sa hannu a yarjejeniyar Fort Laramie cewa yankin nasu ne. Shekara shida kacal, a 1874 sojojin Amurka ƙarƙashin kwamandansu Custer suka shiga aka ga zinare, shikenan magana ta canza, masu haƙa suka yi ta kwarara, aka ce wa mutanen nan ko ku sa hannu ko a yanke muku abinci, zuwa 1877 majalisa ta ƙwace wajen, alhali yarjejeniyar ta ce sai kashi uku cikin huɗu na mazansu sun yarda, kuma waɗanda suka sa hannun ba su fi ɗaya cikin goma ba.

Daga 1927 zuwa 1941 aka yi ta fasa dutsen da nakiya. Mai sassaƙar, Gutzon Borglum, yana da alaƙa da 'yan Ku Klux Klan, ƙungiyar nan ta farar fata masu wariyar launin fata. Shi kuma Lincoln shi ya amince aka rataye 'yan ƙabilar Dakota 38 a 1862, 'yan uwan Lakota ne fa, sannan a zo a kafa fuskarsa a kan dutsen ibadarsu. An dake ka an hana ka kuka kenan.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne 1980. Kotun Ƙolin Amurka ta tabbatar an zalunce su, ta ce a biya su diyyar dala miliyan 100 da 'yan kai. Suka ce ba sa so, ƙasarsu suke so. Kuɗin na nan ajiye yana ƙaruwa har ya wuce dala biliyan 1, ga shi yankinsu na Pine Ridge yana cikin wuraren da suka fi talauci a duk Amurka.

Na san wasu za su ce su karɓa mana su gina asibiti da makaranta, kuma na gane, talauci ba wasa ba ne. Amma duk wanda ya taɓa ganin rigimar gonar gado ya san ranar da ka karɓi kuɗi ka sayar kenan, bakinka ya mutu, jikokinka ma ba su da ta cewa. Ni ina bayansu, shekara sama da 40 suna kallon kuɗin nan ba su taɓa ko sisi ba.