Hana tashe ba zai kama ɓarawon waya ba

Azumi na kaiwa goma sai ka ji sanarwa daga rundunar 'yan sandan Kano wai an dakatar da tashe saboda 'yan daba da masu ƙwacen waya suna fakewa da shi. Ba sau ɗaya aka yi haka ba a 'yan shekarun nan, kuma duk lokacin da na ji sai raina ya ɓaci.

Ni na yi tashe. Auduga muke liƙawa a haɓa, mu cusa tsumma a bayan riga ya zama doro, a dogara sanda ana tsoho da gemu, matan gida su fito tsakar gida da ludayin koko a hannu suna ba mu amshi suna tsokana, wata ma ta gyara mana waƙar in mun ɓata, sannan a zubo mana gero a ƙwarya. Babu dandamali babu tikiti, mai kallo ma ɗan wasa ne. Kuma wasan ba na banza ba ne, jatau mai magani kwaikwayon masu tallan maganin gargajiya ne, ka yi rawa kai malam kuwa yaro ne ƙarami yake gaya wa malamin da ke faɗa ba ya aikatawa gaskiya a gaban jama'a, a yi dariya a wuce ba wanda ya ji haushi. Ga Nalako, sarkin gwagwaren Kano, da igiyarsa yana bin gwagware a cikin gari, duk tunatarwa ce kan aure.

To wannan shigar mai kallo cikin wasa ita ake karantarwa a jami'a fa. Augusto Boal, masanin wasan kwaikwayo na Brazil, ya yi suna a duniya a shekarun 1970 saboda ya ce mai kallo ya tashi ya tsayar da wasa ya shiga ciki da kansa. A Jami'ar Ahmadu Bello Zariya ma tun wancan lokacin ɗaliban wasan kwaikwayo suke fita Samaru da ƙauyuka irin su Bomo, su zauna da manoma su ji damuwarsu, a mayar da ita wasa tare da su. Yau ƙungiyoyi masu tallafin waje suna kama otal su yi wokshop na kwana uku don koya wa matasa abin da kakanninmu suka bar mana kyauta, mu kuma muna hana shi da takarda ɗaya.

Masu cewa tsaro ne gaba da komai su gaya mana wane wata ne ba a ƙwacen waya a Kano. Haba jama'a! Ɗan daba yana nan da wuƙarsa ko da tashe ko babu, yaro mai gemun auduga kawai aka kora gida.

A sa masu unguwanni da 'yan sintiri su tsaya, a yanka lokacin tashi, manya su raka yara kamar yadda yayyenmu suke raka mu, a kama mai makami shi kaɗai. Akwai yaran da suka kai shekara goma yanzu a cikin birni ba su taɓa ba da amshin tashe ba.