Sulhu alheri ne, amma ba kowace ƙara yake kashewa ba

Jama'a, mu Hausawan Garwa da Marwa da Ngaundare a arewacin Kamaru akwai maganar da ya kamata mu faɗa wa juna. Da an kai mutum jandarma, dattawa sai su taru a zauren mai unguwa ko fadar lamiɗo, a biya abin biya, a shafa fatiha, a ce wa mai ƙara "je ka janye". Bayan mako biyu sammaci ya sake zuwa, sai unguwa ta hau zaginsa wai ya ci amana.

Bai ci amanar kowa ba. Da zarar laifi ya shiga hannun mai gabatar da ƙara, hukuma ce ke shari'a da wanda ake tuhuma. Dokar shari'ar laifuka ta Kamaru ta 2005, wadda ta fara aiki a 2007, ta yarda janyewar mai ƙara ta kashe magana a ƙananan laifuka da matsakaita, amma da sharuɗɗa a sashe na 62: ya janye don kansa ba da tilas ko yaudara ba, kafin a shiga gundarin shari'a, kuma laifin bai taɓa zaman lafiyar jama'a ko mutuncin ɗabi'a ba. In masu ƙarar suna da yawa, sai duk sun janye. Ko manyan da Kotun Musamman ta Yawunde ke tuhuma da cin sefa miliyan 50 zuwa sama, in sun maido da kuɗin, sai da izinin ministan shari'a ake dakatar da ƙarar.

Wallahi ina son sulhu. Shanu sun shiga gonar dawa, an doki juna a kasuwa, ɗan'uwa ya riƙe wa ɗan'uwa kuɗin albasa: a zauna a gyara, a rubuta, kowa ya sa hannu, a kai wa hukuma da wuri. Gobe sahu ɗaya za su tsaya a masallaci.

Abin da ke ƙona mini rai shi ne fyaɗe. Uban yarinya yana zaune bisa tabarma, kansa a sunkuye, an ajiye kuɗi cikin ambulan a gabansa, manya suna ta "Malam, a rufa asiri, a bar wa Allah". Yarinyar tana ɗaka, ba wanda ya tambaye ta komai. Wani ma ya ce a ɗaura musu aure kawai. To dokar hukunta laifuka ta 2016 ta toshe wannan hanyar: auren ba ya tsayar da tuhuma, ba ya kuma ɗage hukunci. Talakan da manyan unguwarsa suka kewaye shi haka, wa zai ce don kansa ya janye?

Iyayenmu limamai da masu unguwanni, don Allah in aka kawo muku irin wannan, ku tura su asibiti a duba yarinyar a ba da takarda, sannan ɗayanku ya raka uban har gaban hukuma.