"An cire maka": tarar da babu alƙalin da ya yanke ta

Ranar biyan albashi ɗan yayata ya shigo gida ko sallamar kirki bai yi ba, ya miƙo mini waya ya ce, "Kawu, duba ka gani." Naira dubu 45 ne albashinsa a wani gidan mai da yake tsayuwa a famfo tun sanyin safiya har bayan isha'i. Abin da ya shigo dubu 23 ne. Da ya tambaya, manaja ya yi masa lissafi da baki, yana ƙirgawa da yatsu: dubu 12 na giɓin da aka samu tsakanin mita da kuɗin jaka, dubu 6 na wani mai mota da ya nuna alat na bogi ya ja motarsa, dubu 4 kuma tarar makara sau biyu. Ba takarda, ba sa hannu. "An cire maka", shi ke nan.

Wannan kalma ta zama ruwan dare. Yarinyar da ta fasa faranti a gidan abinci ta san ta, maigadin da aka iske yana gyangyaɗi ya san ta, haka yaron da ke zaune a kan na'urar POS ta wani. Har mun saba, muna ganin kamar haƙƙin mai gida ne ya ci ma'aikacinsa tara. Alhali dokar ƙasa ta hana.

Sashe na 5 na Dokar Ƙwadago ta Najeriya, wadda asalinta dokar soja ce ta 1974, ya faɗa ƙarara cewa mai ɗaukar ma'aikata ba shi da ikon yanke wani abu daga albashi da sunan tara, kuma ba shi da ikon ƙulla yarjejeniyar yin hakan da ma'aikaci. A lura da wannan gaɓa ta biyu, domin nan ne masu kamfani suke fakewa. Su ce, "Ai ya sa hannu a kan dokokinmu ranar da muka ɗauke shi." Sa hannun mai neman abin sawa a bakin salati ba ya halatta abin da doka ta haramta.

Ba na cewa masu dukiya ba su da abin kuka. Na san wanda yaransa suka durƙusar da shagonsa da ɗauki-ɗai-ɗai, kuma giɓin famfo ba kullum ne laifin mita ba. Ita ma dokar ba ta rufe ido a kan haka ba. Ta bar ƙofa: idan ma'aikaci ya jawo asara da gangan ko ta hanyar sakaci, ana iya cire wani abu daidai misali, amma sai an fara samun izini a rubuce daga jami'in ƙwadago mai hurumi. Wato wanda ya yi asarar ba shi zai zama mai ƙara, ya zama alƙali, ya kuma zama mai karɓar tara ba. Malaman fiƙihu ma sun daɗe da cewa ɗan ƙwadagon da ke aiki a ƙarƙashin mutum ɗaya amintacce ne, ba ya biyan abin da ya salwanta a hannunsa sai in ya yi ta'adi ko sakaci. To, ina sakacin yaron da ɗan damfara ya nuna wa alat, a wajen da mai gidan ne da kansa ya ce a karɓi tiransifa?

Sannan akwai iyaka. Duk abin da za a cire a wata guda, komai halaccinsa, bai kamata ya wuce kashi ɗaya cikin uku na albashin watan ba. A lissafin ɗan yayata, dubu 15 ce ƙarshe. An ɗebe masa kusan rabi. Ko kuɗin da aka biya ma'aikaci fiye da ƙima bisa kuskure, na watanni uku kafin watan da aka gano kuskuren kaɗai ake iya karɓowa.

Akwai kuma cirewar da take halas a takarda amma ta fi tarar muni a aikace. Dokar fansho ta 2014 ta ce a cire kashi 8 cikin ɗari daga albashin ma'aikaci, mai gida ya ɗora kashi 10, a tura asusun fanshonsa cikin kwana bakwai na aiki bayan biyan albashi. A cire ɗin ba a mantawa. Turawar ce ake jan ƙafa, har sai mutum ya nemi bayanin asusunsa ya tarar da wata da watanni babu ko sisi.

Raunin Dokar Ƙwadagon a bayyane yake. Ma'aikacin da take karewa shi ne mai aikin ƙarfi ko na akawu. Ta cire masu aikin gudanarwa da ƙwararru, waɗanda sai dai su dogara da takardar ɗaukarsu aiki da Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Su kuma waɗanda take karewar, akasarinsu ba su taɓa riƙe takardar sharuɗɗan aiki ba, duk da sashe na 7 ya wajabta a ba su cikin wata uku da fara aiki. Ma'aikatar Ƙwadago tana da ofisoshi a jihohi, amma ni dai ban taɓa cin karo da jami'inta yana duba littafin albashi a gidan mai ko gidan burodi ba. In da za su riƙa shiga ba zato ba tsammani su ce a kawo takardar izinin kowace cirewa, da manajoji da yawa sun daina lissafin yatsu.

Na rubuta wa ɗan yayata lambar sashen a 'yar takarda, na ce ya nuna wa manaja cikin ladabi. Ya ninke ta ya sa a aljihun rigar aikinsa. Bayan mako biyu na tambaye shi yadda suka yi, sai ya ce, "Kawu, kullum da safe akwai samari a bakin ofis suna jiran a kori wani." Takardar tana nan a aljihun, har ta fara yagewa a wajen ninkin.