Giya ba ta taɓa zana wa kowa hoto ba

Har yanzu raina a ɓace yake da maganar daren jiya. An ɗora hoton tallan fim ɗin Absinthe na 1914, wani ya zo yana cewa wai masu zane na Faris ba su yi fice ba sai da taimakon kwalba, wai giya ce ke buɗe basira. Kuma mutane suna ta yaba masa!

Malam, ka ma san labarin fim ɗin? Herbert Brenon ne ya shirya shi, a Faris aka ɗauka, lokacin fim ba ya magana. King Baggot ya fito a matsayin mai zanen da koriyar giyar nan mai suna absinthe ta kama, ta raba shi da sana'arsa da mutuncinsa. Ko a zamanin, masu fim sun ga ɓarnar da idonsu. Amurka ta haramta absinthe a 1912, Faransa ta bi sahu a 1915. Giya ce da a wasu kwalabe ƙarfin barasarta ya kan haura kashi 70 cikin ɗari. Ana ɗora sukari a cokali mai huji a kan kofi, a ɗiga ruwan sanyi har ta yi fari-fari, mutum ya zauna yana kurɓa, aiki na jiransa.

Na san za a kawo min Toulouse-Lautrec, shahararren mai zanen nan na Faransa. To, a kawo shi. A 1899 danginsa suka kai shi asibiti saboda shaye-shaye, ya rasu a 1901 yana ɗan shekara 36. Tun yana yaro yake zane, kafin ya san ɗanɗanon giya. Baiwarsa daga Allah take. Giya shekarunsa ta cinye, da zanen da bai samu ya yi ba.

Ƙaryar nan ta cewa giya ke buɗe basira ce ke ba ni tsoro, domin yaro mai waƙa ko zane zai karanta ya ɗauka sai ya bugu hannunsa zai faɗa. Shi kansa Baggot, shaye-shaye na cikin abin da ya durƙusar da aikinsa daga baya, har ya koma fitowa a ƙananan matsayi kafin rasuwarsa a 1948.