Digon Lichtenstein da digon hular Bama, waye ake rubuta sunansa?

Jama'a akwai maganar da ta dade tana cina tunda na fara zama a Landan, maganar zane ce, nasan wani zai ce ana fama da tsadar rayuwa kai kuma kana ta zane, to dan Allah ku bani aron hankalinku kadan don maganar ta shafi gumin mutane ne.

Akwai wani salon zane da ake kira Pop, a Ingila ya fara tsirowa a shekarun 1950 sannan ya je Amurka ya yi karfi a farkon shekarun 1960. Kafin nan manyan masu zane na Niyok abinda suke yi shine su watsa fenti a kan katon kyalle ba siffar komai, ace ai abinda ke cikin zuciyar mai zanen ne ya fito, sai wasu suka ce su kam abinda kowa yake gani kullum a kanti da jarida da talabijin shi zasu zana. A 1956 Richard Hamilton ya yanko hotunan talla daga mujallu ya manna su waje daya aka nuna a gidan zane na Whitechapel nan gabashin Landan, a 1962 kuma Andy Warhol ya jera zanen gwangwanin miyar Campbell har guda 32. Amma wanda ya fi tsaya mun a rai shine Roy Lichtenstein, mutumin Niyok, an haifeshi 1923 ya mutu 1997, shine mai dige-digen nan da zaku gani yanzu a jikin riguna da kofuna da tallan waya ba tare da kun san daga ina suka fito ba.

Digon nan fa asalinsa dabarar rage kudi ce a madaba'a. Wani Benjamin Day ne ya fito da ita a 1879, kuma dalilin shine injin buga takarda kaloli kadan gareshi, shudi da ja da dorawa da baki, to in ana son kalar fatar bature ba sai an sayo wata tawada ba, sai a buga kananan digo ja a jere akan farar takarda, ido daga nesa ya hada su ya ga ruwan hoda. In ana son kore a dora digon shudi kan dorawa. Duk wanda ya taba kura ido a hoton tsohuwar jarida, irin Gaskiya Ta Fi Kwabo da aka fara bugawa a Zariya 1939, ya ga dan uwan wannan abin, sai dai na hoton jarida wani digon babba wani karami, na Benjamin Day kuwa duk girmansu daya. Abu ne da aka yi shi don kada a lura dashi. Lichtenstein sai ya dauko shi a 1961 daga littattafan katun masu araha da yara ke saya, ya kara masa girma sosai har ya zama shine abinda ido ke fara gani, kuma da hannu yake yi, ya dora farantin karfe mai huje-huje akan kyallen ya goga fenti da buroshi, daga baya ma yaran aiki ne ke taya shi cike digon.

Na je na tsaya gaban wanda ake kira Whaam na 1963, wanda gidan zane na Tate ya saya a 1966, fadinsa ya kai mita hudu, jirgin yaki ne ya harbo wani jirgin wuta ta tashi. Wallahi abin yana da kyau, ba zan boye ba, in ka matsa kusa sai sararin samaniyar ya watse ya koma digo zalla, ka ja baya ya hade. Kuma ni bana cikin masu cewa mutumin bai iya komai ba, duk da tun a 1964 mujallar Life ta yi tambaya ko shine mai zane mafi muni a Amurka. Ya canza abubuwa a hoton, ya rage rubutu, ya gyara layuka, ya san inda zai sa ja da inda zai bar fari. Aiki ne.

Inda raina ya baci shine da na gano cewa hoton jirgin nan wani ne ya fara zana shi, Irv Novick, a wani littafin katun na kamfanin DC a 1962, kuma irin su ana biyansu ne shafi shafi kudi kalilan, kamfani ke rike da hakkin aikin, sau da yawa ko sunansu ba a bugawa. Akwai Russ Heath shima da aka dauki zanensa, ya tsufa har sai da kungiyar tallafawa tsofaffin masu zanen katun ta rika taimaka masa da na magani da abinci. A daya bangaren kuma zanen Lichtenstein mai suna Nurse an sayar dashi a gwanjo sama da dala miliyan 95 a 2015, wani kuma Masterpiece wani mutum ya saye shi dala miliyan 165 a 2017. Kura da shan bugu gardi da kwashe kudi kenan, kuma duk bayanin da masana zane zasu yi akan cewa ya sauya ma'anar hoton bai hana a ce ya kamata ya ambaci sunan masu shi ba tun yana raye, me zai rage masa?

To a nan ne hankalina ke komawa gida, don mu ma masu digo ne, sai dai bamu kallon abin a haka. Ka dauki hula mai kyau dinkin hannu, irin ta Bama ko zanna bukar ko damanga, ka juya ta ka duba da kyau, ido ne kanana daya bayan daya aka zagaye da zare, dubbai, kowanne allura ta shiga ta fita, kuma daga nesa su hade su bada zane kaman yadda na bature ke hadewa. Mai dinkin na iya shafe makonni akan hula daya, da yawansu mata ne a cikin gida da samari a bakin titi da zaure, kuma bayan rikicin Boko Haram mutanen Bama da dama da suka yi gudun hijira zuwa Maiduguri da wannan dinkin suka rika ci da kansu. Haka in ka je marinar Kofar Mata a Kano, zagayen fararen digon nan da ke jikin shudin zane ai mata ne suke kulle su da zare daya bayan daya kafin a tsoma a baba. Shi Lichtenstein ya yi amfani da hannu ne don ya kwaikwayi inji aka sayi aikinsa miliyoyi, mu kuma inji ne yanzu ke kwaikwayon hannun mutanenmu ana kawo hula mai araha tana karya musu kasuwa, kuma mai saye sai ya tsaya yana taya ta hannun kaman bai san idon wani ya kusa mutuwa a kanta ba.

Abinda yafi damuna ma ba kudin bane, sunan ne. Babban mutum zai sa hular dubban nairori ya shiga taro a dauki hoto duniya ta gani, ka tambaye shi wa ya dinka bai sani ba, dan kasuwan da ya sayar masa ma watakila dillali kawai ya sani. Anan Landan kuwa ko dan karamin zane ne a bango sai ka ga kati a gefe, suna, shekarar haihuwa, shekarar da aka yi aikin, da me aka yi shi. Yayoi Kusama 'yar Japan da aka haifa 1929, wadda itama digo ne sana'arta tun tana Niyok a shekarun 1960, har kamfanin Louis Vuitton ya yi jaka da digonta kuma da sunanta ake sayarwa. Sunan ne ke sa aikin ya yi daraja, shi ke sa in mutum ya tsufa a neme shi. Novick da Heath an zalunce su amma ko ba komai an san su, masu bincike sun bi diddigi sun fito da shafukan da aka kwafa, mu wa zai bi diddigin matar da ta fara fitar da wani zanen hula da yanzu kowa ke yayi?

Kuma kada wani yace ai rubuta suna al'adar turawa ce ko neman suna ne. Malamanmu masu rubuta littafi da hannu sun saba sa sunansu a karshe su roki addu'a. Har gobe ana ambaton Babban Gwani Muhammadu Durugu da ya gina masallacin Juma'a na Zariya tun karni na 19, Ladi Kwali mai ginin tukwane tana bayan naira ashirin. Wanda kuma yake da damuwa akan zanen abu mai rai, nasan da wannan kuma ina girmama shi, amma hula da rini da zayyana da adon bangon gida ai galibi babu mai rai a ciki.

Sai wani abu kuma da nake ganin 'yan Pop sun yi daidai, sun kalli kayan yau da kullum da idon mutunci. Mu abin nan yana ko'ina, zanen bayan tirela da gingimari, allon masu aski, bangon littattafan soyayya na kasuwar Kano na shekarun 1990, duk hannu ne ya yi su kuma yanzu bugun kwamfuta ya kusa shafe su, muna gani suna rubewa. A Gana fastocin fim da aka rika zanawa da hannu akan buhun fulawa yanzu masu tara kayan zane a Turai da Amurka ne ke sayensu da tsada. Ina tsoron ranar da jikokinmu zasu zo Landan su biya kudin jirgi don su ga allon mai askin unguwarsu.

Ni rokona ga 'yan kasuwar hula na Kano da Maiduguri da Zariya da Damagaram karami ne, in kun karbo hula daga hannun mai dinki ku sa a dinka dan kyalle a ciki da sunansa ko sunanta da garin, in mace ce bata son sunanta ya fita a sa na gidan ko na kungiyarsu. Masu sayarwa a Instagram da Facebook kuma ku rubuta a kasan hoton. Mu da muke waje muna aikawa a sayo mana, mu fara tambaya wa ya dinka kafin mu tambayi nawa ne, kuma in an fada mana kudin hannu mu daina tayawa rabi.