Wata bakwai ina bin mai gida da kuɗin haya, wai kuma ni ne na ƙi biya

Jama'a, ku taya ni ji. Ni da nake yawo da kuɗin mutum a aljihu ina roƙon ya karɓa, ni ne aka aiko wa takardar lauya wai na ƙi biyan haya, in kwashe kayana in bar shago! Shekara 11 ina ɗinki a wurin nan, ban taɓa bari wata ya hau wata ba. Rasit ɗina kaf suna cikin gwangwanin maɓallai, ɗaure da zare.

Abin ya faro ne tun da aka shimfiɗa wa layinmu kwalta, masu neman shago suka fara zarya. Ranar da na kai masa kuɗi sai ya maida hannu baya, ya ce, "Bar shi tukuna, Malam, ai ba sauri." Na ce, "Ranka ya daɗe, haƙƙinka ne fa." Ya yi murmushi kawai. Ni kuma don wauta har da godiya, ina cewa mutumin kirki. Ashe rami ake haƙa mini. Dokar ƙayyade kuɗin haya ta hana shi ƙari yadda ya ga dama, ta kuma hana shi tashina sai da hujjar da kotu za ta karɓa: ko na ƙi biya, ko na saka wani a shagon ba izini, ko na ɓata masa gini, ko shi da kansa yana buƙatar wurin, ko zai rushe ya sake gini. Da ya laluba bai same ni da ko ɗaya ba, sai ya zauna ya ƙera ta farkon da hannunsa.

Allah ya taimake ni lauya ya ce in riƙa zuba kuɗin a kotu ina karɓar shaida. Da dabarar mai gida ta sha ruwa sai aka sauya waƙa, wai ɗansa ne zai buɗe kasuwanci a ciki. Wane ɗan? Wanda ke aikin ofis a wani gari, ko sallama bai taɓa yi mini ba? To dillalin da ya shigo da awo yana gwada faɗin ƙofa ina tsaka da yanka yadi, shi ma ɗan ne ya turo shi?

Bayan kwana biyu wuta ta ɗauke a shagona ni kaɗai, maƙwabta duk fes. Na leƙa bayan mita, an zare wayar tas, an bar bakinta a miƙe. Sai ga tifar yashi an juye mini daidai bakin ƙofa, wai za a yi gyara. Wata uku ke nan ko bulo ɗaya ban gani ba, sai dai mata masu kawo ɗinki su tattare zani su tsallaka, wasu su juya.

Ba wai ban san nasa kukan ba. Kuɗin da nake biya ya yi ƙasa da na shagunan kusa, kuma kwano da siminti sun yi tsada. Na ce mu zauna a yi ƙarin da doka ta yarda, ya ce shi ba ƙari yake so ba. To ka ji. Shagon yake so fanko, ya ba wanda zai ninka masa.

Abin da ke ci mini rai shi ne duk waɗannan dabarun tsofaffi ne, an daɗe da sanin maganinsu. Dokar haya ta birnin Delhi ta 1958 ta hana mai gida yanke wa ɗan haya wuta ko ruwa, kuma wanda ya karɓi wuri da sunan buƙatar kansa ya ba wani haya kafin shekara uku, ana iya mayar da tsohon ɗan haya. A Ingila, dokar 1954 ta sa mai gida biyan diyya idan ya ƙi sabunta wa mai shago haya don zai shiga da kansa ko zai sake gini, kuma diyyar na ninkawa idan an kai shekara 14 ana kasuwancin a wurin. Sun gane shago ba ɗakin kwana ba ne. Keken ɗinki ana ɗora shi a mota, amma ƙafafun da suka saba zuwa ƙofarka shekara da shekaru a wace mota za ka ɗora su?

Ni kuwa sau huɗu ana ɗage zama. Yau lauyansa ba lafiya, gobe ba a ga fayil ba. Ƙarar yanke wutar ma ko saurarenta ba a yi ba, shi kuma kowace ɗagewa riba ce gare shi. Yarana biyu masu koyon aiki ɗaya ya riga ya gudu.

Yanzu haka kayan biki kala shida ne a gabana, alƙawarin jibi. Da fitilar caji nake zura zare a allura, guga kuma na koma na gawayi. Makullin nan dai ba zan miƙa shi ba sai alƙali ya ce in miƙa, ko da tifa goma zai juye.